Tambaya da Amsa: Yaƙin Biyafara ya shiga tsakanina da abokiyar ɗakina

TAMBAYA: Assalamu alaikum Baba Malam, ya ibada ya zafin Jidda. Ni nas ce a wani asibiti nan Jidda, 'yar Zariya, shekarata uku kenan da zuwa. A masaukin ma'aikata ɗaki ɗaya muke da wata 'yar Ibo Kirista, wallahi mutuniyar kirki ce, tare muke girki, ranar da zazzaɓi ya kwantar da ni ita ta karɓar min dawam, wato aikina na ranar. Toh ranar 30 ga Mayu na dawo aiki na tarar ta sa baƙaƙen kaya tana kallon hotunan wasu yara masu kumburarren ciki a waya tana kuka, na ce lafiya, ta ce yau ranar tunawa da Biyafara ce, wai mutum miliyan 3 Hausawa suka kashe musu. Raina ya ɓaci na ce ai ku kuka fara, ku kuka kashe Sardauna da Tafawa Ɓalewa cikin azumi. Tun daga ranar sai gaisuwa sama-sama. Kakana soja ne, ya yi yaƙin, yana nan da ransa amma bai taɓa ba mu labarin ba. Dan Allah Baba me masana tarihi suka ce, ita ce da gaskiya ko ni? Daga 'yarka a Jidda.

AMSA: Wa alaikumussalam 'yata, Allah ya yi albarka ya ba da ladan jinya. Abun da ya faru a ɗakinku shi ne dai yake faruwa a littattafan da aka rubuta kan yaƙin nan sama da shekara hamsin, kowa daga ranar da aka zubar da jinin nasa yake fara ƙirga, ke kin fara daga Janairu ita ta fara daga Satumba, kuma duk a cikin shekara ɗaya ne, 1966.

Abun da kika faɗa haka yake. Daren 15 ga Janairu 1966, cikin Ramadan, wasu manjojin soja, mafi yawansu Ibo, da suka haɗa da Chukwuma Nzeogwu da Emmanuel Ifeajuna suka kashe Sardauna a gidansa na Kaduna tare da matarsa Hafsatu, aka kashe Tafawa Ɓalewa, da Akintola firimiyan Yamma, da ministan kuɗi Okotie-Eboh, da manyan hafsoshin Arewa irin su Birgediya Zakariya Maimalari da Kanar Kur Mohammed da Largema da Pam. Firimiyan Gabas kuwa ba a taɓa shi ba, kuma Janar Ironsi da ya karɓi mulki bai gurfanar da manjojin gaban kotu ba, sannan ranar 24 ga Mayu ya fito da doka mai lamba 34 ya rushe yankuna ya ce ƙasa ta zama dunƙulalliya. Duk wanda ya rayu a Arewa lokacin ya san yadda zukata suka tafasa. Inda masana suka rabu shi ne, shin juyin mulkin ƙabila ne ko na samarin soja masu zafin kai? Adewale Ademoyega, Bayarabe ne kuma yana cikin manjojin, ya rubuta littafi a 1981 ya ce niyyarsu gyaran ƙasa ce ba ƙabilanci ba, masu goyon bayansa sukan ƙara da cewa ai an kashe Laftanar Kanar Unegbe shi ma Ibo ne. Masu musa masa su ce toh a duba jerin gawarwakin mana. Ni dai a nawa karatun, ko mene ne a zuciyar manjojin, yadda aka zaɓi waɗanda za su mutu ya isa ya sa ɗan Arewa ya fahimci abun yadda ya fahimce shi, amma mai gyaran rediyo a Sabon Gari bai san da shirin ba, ba a yi shawara da shi ba.

Na ambaci mai gyaran rediyo ne da gangan, dan nan ne zan faɗa miki abun da ba a so a faɗa a gidajenmu. An kashe Ibo a Arewa a ƙarshen Mayu, an kashe sojojinsu a juyin mulkin 29 ga Yuli wanda ya ci Ironsi a Ibadan ya kawo Gowon, sannan mafi muni ya zo ƙarshen Satumba zuwa farkon Oktoba, a Kano da Jos da Kaduna da Zariyarku da sauran garuruwa. Ina ɗan shekara goma a Fagge lokacin. Mahaifina Allah ya jiƙansa ya ɓoye wani ɗan Ibo mai gyaran rediyo a ɗakin da muke tara buhunan gyaɗa, kwana uku ni nake kai masa tuwo a kwanon sha dan kar maƙwabta su ga an fita da kwanon abinci, in na shiga sai in same shi a tsugune bayan buhu ya rungume wata 'yar jakar sukurdireba, ko takalmi babu a ƙafarsa. Rana ta huɗu Baba ya sa masa babbar riga da hula ya ce kar ya buɗe baki ko an yi masa sallama, ya raka shi. Abun da na gani a bakin kwata a kwanakin nan ba zan rubuta a mujalla ba. Gwamnatin Gabas ta ce mutum 30,000 aka kashe, wasu masu bincike sun sauko da adadin zuwa wajen 8,000 ko 10,000, kuma sama da mutum miliyan ɗaya suka gudu Gabas. An kashe 'yan Arewa su ma a garuruwan Gabas, jininsu jini ne, sai dai yawan bai kama ƙafar wancan ba. Ki riƙe ko mafi ƙanƙantar adadin ne 'yata, dubbai ne na mutanen da ba su riƙe bindiga ba, kuma babu malamin tarihi na kirki, ɗan Arewa ko ɗan Kudu, da yake musun an yi.

Daga nan abubuwa suka yi ta gudu, taron sulhu na Aburi a Ghana a Janairu 1967 da kowa ya dawo da tasa fassarar, Gowon ya yanka ƙasa jiha 12 ranar 27 ga Mayu, Ojukwu, gwamnan soja na Gabas, ya ayyana ɓallewar yankin da sunan Biyafara ranar 30, wato ranar da kika ga abokiyarki da baƙin kaya, aka fara harbi 6 ga Yuli, aka gama Janairu 1970 da Philip Effiong, mataimakin Ojukwu, ya miƙa wuya bayan Ojukwu ya tafi Kwaddebuwa.

Yanzu batun miliyan 3. Gaskiyar magana ba wanda ya ƙirga. Ƙidayar 1963 rigima ce, ta 1973 soke ta aka yi, toh da me za a auna? Ƙiyasin masana ya faro daga wajen rabin miliyan ya haura miliyan 2, miliyan 3 shi ne can ƙololuwa, kuma da yawansu sun fi tsayawa wajen miliyan ɗaya zuwa biyu. Amma dan Allah kar ki je ki tsaya ciniki da ita a kan lissafi kamar ana tayin atamfa, ke nas ce, kin san kwashiyoko, ciwon nan na tamowa, kin san yadda gashin yaro yake yin ja ƙafa ta kumbura. Mafi yawan waɗanda suka mutu yunwa ce ta kashe su ba harsashi ba, kuma yara ne, bayan an kama Fatakwal a Mayu 1968 an toshe musu teku. A nan ma akwai gardama mai nauyi. Gwamnatin tarayya ta yi tayin a shigar da abinci ta ƙasa, Ojukwu ya ƙi, aka ce ana tsoron guba, masana da dama kuma suna ganin ya ƙi ne dan jiragen agaji da suke sauka da dare a filin Uli suna yi wa jiragen makamai rufa-rufa, ga kuma kamfanin Markpress a Janeba da aka ɗauka yana yaɗa hotunan yaran a Turai. Ita ma tarayya ta toshe hanya tana sane da abun da toshewar ke yi, ta jefa bam a kasuwanni, har ta harbo jirgin Red Cross a Yuni 1969. Tawagar 'yan kallo ta ƙasashen waje da ta zo 1968 ta ce ba ta ga shirin ƙare dangi ba, Chinua Achebe kuwa a littafinsa na 2012 ya ce ƙare dangi ne. Har yau ana kai ruwa rana kan kalmar, amma ba a jayayya kan gawar yaran.

Akwai kuma abun da ya daɗe a binne sai kwanan nan aka tono. A Asaba ranar 7 ga Oktoba 1967 mutanen gari sun fito da fararen kaya suna yi wa sojan tarayya maraba, aka ware maza aka buɗe musu wuta, ɗaruruwa suka mutu, kuma runduna ta biyu ce wadda Murtala Muhammad yake jagoranta. Na san sunan nan yana da girma a zuciyarmu, ni ma na yi kuka ranar da aka kashe shi a 1976, amma hakan ba zai goge Asaba ba. Wasu masu bincike, Elizabeth Bird da Fraser Ottanelli, sun bi waɗanda suka tsira ɗaya bayan ɗaya suka naɗi bakinsu, littafin ya fito 2017. Haka nan su Ibibiyo da Efik da Ijo da Ogoni, waɗanda aka zana taswirar Biyafara a kan ƙasarsu, da yawansu sun ɗanɗana a hannun sojan Biyafara da ke zarginsu da zagon ƙasa, wannan kuma ɓangaren abokiyarki ne ba sa son a tayar.

Bayan yaƙi Gowon ya ce ba wanda ya yi nasara ba wanda aka ci, ba a yi ta rataye mutane ba, an kafa bautar ƙasa 1973, Ekwueme ya zama mataimakin Shagari 1979, Shagari ya yafe wa Ojukwu 1982. Amma masu ajiya a banki da yawa fam 20 aka miƙa musu komai yawan kuɗinsu, gidajen Ibo a Fatakwal aka ce dukiya ce da aka yasar, sannan aka zo aka cire darasin tarihi daga ƙananan makarantu na tsawon shekaru, shi yasa ke da ita kowa a zauren gidansu ya koyi rabin labari, sauran kuma Facebook ya cika muku.

Ki same ta bayan dawam ki ce mata kin ji abun da aka yi wa mutanenta a 1966 da yunwar yaƙi kuma bai yi miki daɗi ba, ki tambaye ta wa ta rasa, za ki ga akwai suna. In ta huce sai ki gaya mata su waye Sardauna da Ɓalewa a wajenmu. Kakanki kuma in kin je hutu ki zauna da shi ki kunna rikodar waya, kar ki tambaye shi ko ya yi kisa, ki tambaye shi wace runduna, wane gari, me suke ci, wa ya mutu a gefensa, sauran zai zo da kansa in yana so.

TAMBAYA: Malam ni ɗalibi ne a Madina. Wani abokin karatunmu Balarabe ya ce min yaƙin Biyafara yaƙin Musulmi da Kirista ne kamar na Kudancin Sudan, haka ne?

AMSA: Ɗana ba haka ba ne, duk da an sayar da shi a haka. Gowon Kirista ne ɗan mai wa'azin coci, ɗan ƙabilar Angas daga Filato. Obasanjo da ya karɓi miƙa wuyar Biyafara a fagen daga Kirista ne, haka Danjuma, haka Awolowo da ya riƙe baitulmalin yaƙin, kuma sojan ƙasa na tarayya cike yake da Tibi da sauran ƙabilun tsakiyar Najeriya. Farfagandar Biyafara ce ta riƙa nuna wa coci-cocin Turai da Amurka cewa jihadi ake yi a kansu, dan ta nan taimako ya fi saurin zuwa, kasancewar matuƙan jirgi 'yan Masar suna tuƙa wa tarayya jiragen yaƙin Rasha ya ƙara wa zancen gishiri. Ban ce addini bai taka rawa a zukatan mutane ba, musamman a kashe-kashen 1966, amma dubi yadda ƙasashe suka jeru, Ingila da Tarayyar Sobiyat a bayan Gowon, Faransa da Fotugal suna taimakon Ojukwu, Tanzaniya da Gabon da Kwaddebuwa da Zambiya da Haiti su biyar kaɗai suka amince da Biyafara. Takardun gwamnatin Ingila da aka buɗe bayan shekara 30 sun nuna abun da ya fi damun Landan shi ne man fetur ɗin kamfanin Shell-BP, wanda mafi yawan rijiyoyinsa suna cikin yankin da Ojukwu ya ɓalle da shi.