Alhaji, kafin ka tura kuɗin ƙugiyar nan Chaina

Wani ɗan kasuwa daga Kano ya aiko mini da wannan tambaya: "Malam, na daɗe ina sayar da rodi da ƙarafan gini a Ƙofar Ruwa. Duk sanda tirela ta kawo manyan ƙarafa sai mun ɗauko hayar ƙugiya, kuma abin da suke karɓa a 'yan awoyi yana ba ni mamaki. Na sayar da wani fili, kuɗi na hannu. Wani yaro a Guangzhou ya turo mini hoton ƙugiya mai tan 25, ta hannu, ya ce kamar sabuwa take. Ina so in shigo da ita in riƙa ba da haya, in abin ya karɓe ni in riƙa kawowa ina sayarwa har Nijar. Me ka gani?"

Alhaji, Allah ya ƙara buɗi. Ranar da mai ƙugiya ya zo ya sauke maka kaya ya karɓi kuɗinsa ka gani, amma kwanakin da ta yi a gareji rana na dukanta, direba da yaran mota na jiran albashi, waɗannan ba a gabanka aka yi su ba. A wannan sana'a nan ne riba take, nan ne kuma asara take. Rodi in ya kwana a shago bai ci maka komai ba, wataƙila ma farashi ya tashi ka ci riba kana zaune. Ƙugiya kuwa ko ba ta motsa ba tana cin kuɗi: batir ya mutu, robobin haidirolik su bushe su fara yoyo, inshora na tafiya, takardu na ƙarewa. Don haka abin da za ka fara nema shi ne amsar tambaya guda: kwana nawa za ta yi aiki a wata, kuma wa zai biya?

Bari in fara da yadda kasuwar take. Najeriya ba ta ƙera ƙugiyar mota. Duk wadda ka gani a titi daga waje ta zo. Manyan kamfanonin gine-gine da na mai sun fi riƙe Liebherr ta Jamusawa da Grove, tsofaffin masu haya sun saba da Tadano da Kato na Japan, a 'yan shekarun nan kuma na Chaina sun cika gari, wato XCMG da Sany da Zoomlion, saboda sauƙin kuɗi da kuma yawan kamfanonin Chaina da ke aiki a ƙasar. Aikin ƙugiya mai maiƙo yana kudu, Legas da Fatakwal da Onne, inda tashoshin jirgin ruwa da harkar mai suke. A nan arewa akwai manyan ayyuka, kamar bututun gas na AKK (Ajaokuta zuwa Kaduna zuwa Kano) mai tsawon kilomita 614 da layin dogo na Kano zuwa Maraɗi, sai dai kada su ruɗe ka. Kamfanonin da ke riƙe da irin wannan kwangila da kayan aikinsu suke zuwa, in kuma za su ɗauki haya sai sun nemi takardar gwajin inji, da shaidar ƙwarewar direba, da inshora, sannan su biya ka bayan wata biyu ko uku. Abincinka na yau da kullum ƙananan ayyuka ne: sauke janareta a Sharaɗa ko Bompai, kafa injin casar shinkafa, binne tankin gidan mai, ɗora taransifoma, tayar da tirelar da ta faɗi a hanyar Zariya.

Yanzu maganar tan 25 ɗin nan, wadda ita ce ta fi yaudarar sabon shiga. Lambar da aka rubuta a jikin ƙugiya nauyin da za ta ɗaga ne in kayan na dab da ita, kamar mita 3, hannunta a taƙaice, ƙafafunta huɗu a baje a ƙasa mai tauri. Da zarar ka miƙa hannun, ƙarfin ya riƙa zubewa. A nisan mita goma sha wani abu, wannan mai tan 25 ɗin 'yan tan kaɗan za ta iya. Kwantena cike da kaya tana iya kaiwa tan 30, ka ga ke nan ranar da aka kira ka sauke cikakkiyar kwantena sai dai ka ba da haƙuri ko ka nemo ta biyu ku haɗu. A cikin ɗakin direba akwai jadawalin nauyi da ke nuna abin da za ta ɗauka a kowane nisa. Ka ce yaron nan ya ɗauko maka hotonsa. In ya ce bai san shi ba, to ka san da wa kake ciniki.

Shi kansa hoton da ya turo, cinikin biri a sama ne. Na taɓa raka wani abokin hulɗata duba wata da ya shigo da ita, fenti na sheƙi, kujera har da leda. Makaniki ya sa yatsa ya kankare gefen farantin da ke ɗauke da lamba da shekarar ƙira, sai ga tsofaffin ramukan ƙusa a ƙarƙashi: an cire na asali an manna wani. Da aka zaro hannun gaba ɗaya muka ga walda a gaɓa ta biyu, an goge an shafe da fenti. Hannun ƙugiya da ya taɓa tsagewa aka yi masa waldar bakin titi ba abin da za ka tsaya a ƙarƙashinsa ba ne. Agogon awoyin aiki ma ana juya shi kamar yadda ake juya na mota. Zuwa da kai ya fi aike. In ba za ka iya zuwa ba, ka biya kamfanin duba kaya mai zaman kansa, wanda ba mai sayarwa ne ya kawo shi ba, ya gwada ta da nauyi na gaske, ya duba igiyar ƙarfe da babban zoben da take juyawa a kai, ya daidaita lambar jiki da ta inji da abin da ke takarda.

Abu biyu kuma da hoto ba ya nunawa sai ka tambaya. Na farko sitiyari. Tun 1972 Najeriya ta koma tuƙi a hannun dama, motocinmu sitiyarinsu a hagu yake, ƙugiyoyin da aka yi don titunan Japan kuwa da yawansu a dama yake, kuma wannan zai haɗa ka da hukuma. Na biyu inji. Sababbin na Turai an ƙera su da na'urorin tace hayaƙi masu son tsabtataccen dizal da ruwan AdBlue. Ka ɗura musu man da aka samu a bakin hanya, kwamfutar ta rage ƙarfin inji, ka rasa mai gyara a Kano. Tsohon inji marar yawan waya da kwamfuta ya fi dacewa da mu.

Sai lissafin kuɗi. Mu ƙaddara an yi maka farashi dala 60,000. A farkon 2023, lokacin da dala take wajen naira 460 a farashin gwamnati, kuɗin bai kai naira miliyan 28 ba. Bayan an saki naira a watan Yunin 2023 har dala ta haura 1,500 a 2024, wannan inji ɗin dai ya koma miliyan 90. Da dala za ka saya, da dala za ka sayi kayan gyara, amma da naira za a biya ka haya, kuma kuɗin haya ba ya tashi da saurin da dala ke tashi. Kwastam ma da canjin dala suke lissafa haraji.

Farashin Chaina kuma somin taɓi ne. Kafin a loda kaya za ka buɗe Form M, wato takardar rajistar shigo da kaya, ta bankinka, da inshorar kaya, daga baya kwastam su fitar maka da PAAR, takardar ƙimanta harajin kayan. Akwai kuɗin jirgi, kuma ƙugiyar mota ba ta shiga kwantena, sai jirgin da ke ɗaukar motoci ko manyan kaya. Akwai harajin shigo da kaya, da VAT na kashi 7.5, da ƙananan kuɗaɗen da ake ɗorawa a kai, da na tasha, da na kamfanin jirgi, da ladan eja mai fito da kaya daga tasha. Ka kula da lambar da za a shigar da kayan a kanta: ƙugiya tana ƙarƙashin 8426, foklif (ƙaramar motar ɗaga kaya mai cokula biyu a gaba) 8427, amma ƙugiyar da aka ɗora a kan jikin babbar mota tana faɗawa 8705, cikin babin motoci. Ka sa eja ya rubuto maka lambar da kason harajinta kafin kaya su taso. Ejan da ya yi maka alkawarin shigar da ita da lamba mai araha, ranar da kwastam suka gano, kai za ka biya cikon da tara, ga kuɗin kwanan kaya a tasha na hauhawa kullum. Bayan ta fito akwai tafiyar kusan kilomita dubu daga Legas zuwa Kano, ko dai a tuƙo ta a hankali ta ci taya da mai, ko a ɗora ta a lobed, tirelar ɗaukar manyan injina. A ƙarshe, in kuɗinka iyakar sayo ta da fito da ita ne, kada ka fara. Ka ware na gudanar da ita na aƙalla wata shida ko da aiki bai zo ba. Bashin banki mai ruwa kuwa ban ba ka shawara ba. A ƙarshen 2024 ma'aunin ruwa na Babban Banki kansa ya kai kashi 27.5, na bankunan kasuwa ya fi haka. In dole sai an cika maka, ka tuntuɓi bankunan Musulunci irin su Jaiz ko TAJ ka ji sharuɗɗan murabaha (su saya su sayar maka da ribar da aka sani) ko ijara (su saya su ba ka haya), ka kwatanta abin da za ka riƙa biya duk wata da abin da injin zai kawo a wata mafi muni.

Direba ma rabin jarin ne. Mai tuƙa tirela daban, mai sarrafa ƙugiya daban. Gwani ya san ƙasar da za ta lotsa da ƙafar inji, ya san wayar wuta, ya san lokacin da iska ta yi ƙarfin da za a sauke hannu a haƙura. Duk mun tuna ƙugiyar da ta faɗa Masallacin Harami a watan Satumban 2015 ana iska da ruwa, mutum fiye da ɗari suka rasu. Naka bai kai wannan girma ba, amma janaretar mutane ta miliyoyi in ta suɓuce, ko ta faɗa kan lebura, kai za a nema. Akwai na'urar da ke ƙara ta tsayar da aiki in nauyi ya wuce ƙima, kuma direbobi kan cire ta don su gama da wuri. Ranar da ka kama naka ya yi haka, ka sallame shi.

Batun Nijar, a nan zan ɗan taka maka birki. Abin da ke fita daga Najeriya na wannan kaya tsofaffi ne da hayar ɗan lokaci, ba wata babbar kasuwa ba ce. In ka biya harajin Najeriya ka kai Maraɗi ko Damagaram, can ma sai an biya nasu, alhali ɗan kasuwar Nijar yana iya shigo da tasa ta Lome a matsayin kayan wucewa, ya biya sau ɗaya. Da me za ka kayar da shi a farashi? Ga kuma iyaka: an rufe ta bayan juyin mulkin Yulin 2023, ba a buɗe ba sai Maris 2024, sannan Nijar ta fice daga ECOWAS a Janairun 2025. Ka yi tunanin injinka yana can aka rufe. Abin da ke da daɗi kawai shi ne sefa na ɗaure da yuro, ba ta zubewa kamar naira. In aikin haya ya zo daga can da kuɗin gaba da takardar shiga ta wucin gadi, ka karɓa. Amma kada ka gina jarinka a kansa.

To me zan yi in ni ne kai? Ka duba aikin da ya ja hankalinka tun farko: sauke ƙarafa da kai wa kwastoma. Wannan aikin motar Hiab ne, wato babbar mota mai ƙaramar ƙugiya a bayan kai. Tana ɗagawa, tana ɗauka, tana kaiwa, tana saukewa, kuɗi biyu ke nan a tafiya ɗaya, ranar da babu ɗagawa kuma ta yi dako kamar kowace mota. Kai ne kwastomanta na farko, maƙwabtanka a Ƙofar Ruwa su ne na biyu, masu janareta da tankuna da turakun wuta na biye. Makanikin da zai gyara ta yana nan cikin gari. Ana kuma samunta a Legas, wadda aka riga aka biya wa haraji, ka je da makanikinka ka gwada, ka tabbatar da takardun kwastam na gaske ne. Foklif mai tan 3, irin Toyota ko Heli, ita ma tana da kasuwa a rumbunan kamfanoni, kuma hayarta ta wata-wata ce, sai dai tana son daɓen siminti da kaya a kan katako. A inda ake dakon buhu a ka, kamar yawancin Dawanau, ba ta da aiki.

In kuma zuciyarka na kan saye da sayarwa ne, wanda shi ne abin da ka iya, to ka duba ƙananan kayan: sarƙar ɗaga inji da makanikai ke ratayawa, igiyar ƙarfe, majanyun ɗaure kaya, ƙananan ƙugiyoyin maƙale kaya da maratayai, tiyon haidirolik da robobinsa. Suna shiga kwantena, ba sa neman direba, suna ƙarewa a sake saye, kuma duk mai ƙugiya a Kano da ke jiran a aiko masa da su daga Legas zai zama kwastomanka. Sai dai ka kawo masu hatimin nauyi na gaskiya, domin sarƙar da aka rubuta wa tan 5 tana tsinkewa a tan 2 rai take ɗauka.

Kafin ka yanke shawara, ka yi wannan na wata uku. Ka samu mai ƙugiya ɗaya ku yi yarjejeniya: duk aikin da ka kawo masa yana ba ka la'ada. Ka buɗe littafi, kowane kira ka rubuta ranar, da nauyin kayan, da nisan da aka miƙa hannu, da abin da aka biya, da kwanakin da aka ɗauka kafin kuɗin su fito. Ka rubuta har waɗanda aka fasa da dalilin fasawa. Kuɗin filin kuma kada su zauna haka nan, ka juya su a rodin da ka sani. Bayan wata ukun ka aiko mini da littafin mu zauna a kansa, shi zai nuna ko Hiab ce, ko mai tan 25, ko ma mai tan 50 garin ke nema. Yaron Guangzhou kuwa ka ce masa ya turo jadawalin nauyi, da hoton farantin lamba, da bidiyon hannun a zare gaba ɗaya yana ɗauke da kaya.