Amsa kan The Wicker Man: ina abin tsoron yake, kuma wane kwafi za a nema?

Ɗan'uwa, ka tambayi dalilin da ya sa ake lissafa The Wicker Man na 1973 cikin manyan finafinan ban tsoro na Birtaniya alhali babu fatalwa a cikinsa, da kuma kwafin da ya kamata ka nema. Ni ma a kallon farko haushi na ji, domin na kashe fitila na zauna ina jiran dodo, sai ga mutanen wani tsibiri na Sikotland suna ta waƙa da rawa da rana tsaka. Sai da na sake kallonsa bayan shekaru na gane cewa fara'ar tasu ita ce abin tsoron. Saja Howie, ɗan sandan da Edward Woodward ya fito a matsayinsa, ya zo neman yarinyar da ta ɓace, amma tun daga matar gidan waya har malamar makaranta, kowa murmushi yake yi masa, kowa kuma ƙarya yake shirga masa.

Robin Hardy ne ya ba da umarni, Anthony Shaffer ya rubuta labarin. Bikin farkon watan Mayu ake nunawa, amma a ƙarshen 1972 aka ɗauki fim ɗin a yankin Galloway cikin tsananin sanyi, har sai da aka manna furannin roba a rassan bishiyoyi. Christopher Lee, ɗaya daga cikin jaruman fim ɗin, wanda fitowa a matsayin Dracula ta ishe shi, ya ce bai karɓi ko sisi ba, kuma ya sha faɗin cewa wannan ne mafi kyawun fim ɗinsa.

Maganar kwafi kuwa, a nan gizo ke saƙar. Kafin fim ɗin ya fito, kamfanin British Lion ya koma hannun wasu shugabanni da ba su ga darajarsa ba, suka datse shi zuwa kusan minti 87, suka haɗa shi da wani fim mai suna Don't Look Now a matsayin ɗan rakiya. Asalin faifan ya salwanta, har ana raɗe-raɗin cewa an binne shi ƙarƙashin babbar hanyar M3 a Ingila. Wannan gajeren na fara gani, kuma an hargitsa jerin kwanakin labarin a cikinsa. Ka nemi The Final Cut na 2013, wanda aka gyara daga kwafin da aka gano a ma'ajiyar finafinai ta Jami'ar Harvard. Wanda aka sake shiryawa a Amurka a 2006 da Nicolas Cage kuwa, dariya kawai ya ba ni. Sai dai akwai tsiraici a wasu wurare na ainihin fim ɗin, don haka kada ka kunna shi a falo gaban yara.