Waɗanne littattafai zan karanta kan tsofaffin lambunan Ingila?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗaliba ce a sashen zanen gine-gine, ina shekarar ƙarshe, kuma an ba ni aikin rubutu kan tarihin tsara lambuna da filayen manyan gidajen Ingila. Da na duba intanet sai na tarar littattafan ba su ƙirguwa, yawancinsu hotuna ne masu ƙayatarwa da ɗan guntun bayani, ga kuma tsada. Da wanne zan fara, wanne kuma zan ƙyale? Allah ya ƙara wa Malam lafiya.

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malama, kafin mu kai ga littattafai sai mun daidaita kalma ɗaya, domin ita ce ke fara ɓatar da mai karatu Bahaushe. Idan aka ce lambu, abin da ke zuwa mana a rai shi ne fangalin albasa da tumatir a bakin fadama, ko garkar mangwaro da gwaiba. Abin da ke kewaye da gidan mai sarauta a karkarar Ingila kuwa kashi uku ne. Akwai lambun cefane da ake kewayewa da doguwar katangar bulo, inda ake noman kayan lambu da kayan marmari; akwai filin shan iska na kusa da gida, mai furanni da hanyoyin tsakuwa; sai kuma makeken gandu na ciyawa da itatuwa da tafki, wanda kan kai ɗaruruwan eka, inda tumaki da shanu da bareyi ke kiwo. Marubuta da yawa ɗaya kawai suke ɗauka cikin ukun nan ba tare da sun sanar da mai karatu ba, saboda haka duk littafin da ya zo hannunki ki fara tantance wanne yake magana a kai. Aikin da aka ba ki ya fi shafar na ukun.

Ki fara da littafin Jenny Uglow, A Little History of British Gardening, na 2004. Ta ɗauko labarin tun daga zamanin Rumawa har zuwa ƙarni na 20, Turancinta mai sauƙi ne, kuma ba ta manta da leburori da matan da ake biya su cire ciyayi ba. Ba zai isa ki kafa hujja da shi a gaban malamanki ba, amma zai jera miki zamunna da sunaye a kai yadda ba za ki rikita na gaba da na baya ba.

Lambunan da suka gabaci ƙarni na 18 kusan duk sun shuɗe, don haka karatunsu karatun takardu ne da zane-zane. Madogara a nan ita ce The Renaissance Garden in England na Roy Strong, wanda ya fito a 1979, ya bi lambunan fada da na manyan fadawa daga zamanin Sarki Henry na Takwas zuwa yaƙin basasar Ingila. Ki haɗa shi da Britannia Illustrata na 1707, kundin zane-zanen da wasu 'yan Holan biyu, Knyff da Kip, suka yi wa manyan gidaje kamar yadda shaho zai hango su daga sama. A ciki za ki ga Ingilar da ba a cika nunawa ba: miƙaƙƙun layukan itatuwa, da fangaloli masu kusurwa huɗu, da magudanai a miƙe kamar an ja da igiya, irin tsarin Faransa da Holan. Kaɗan ne suka tsira, kamar Levens Hall da ke arewa maso yammacin ƙasar, inda har yau ake aske itatuwan da aka tsara tun wajen 1694. Strong bai ɓoye haushinsa ba, domin ya sadaukar da littafinsa ne ga lambunan da Capability Brown, shahararren mai tsara gandaye na ƙarni na 18, da magadansa suka rusa.

A ƙarni na 18 ne maganar take da kauri, kuma nan za ki fi daɗewa. Littafin da ba makawa sai kin riƙe shi ne The Genius of the Place, wanda John Dixon Hunt da Peter Willis suka tattara a 1975. Tarin rubuce-rubucen mutanen zamanin ne da kansu, daga 1620 zuwa 1820, kowanne da ɗan gabatarwa. Sunan ya samo asali daga waƙar Alexander Pope ta 1731, inda ya shawarci mai tsara fili da ya fara tuntuɓar ɗabi'ar wurin kafin ya sa diga. A ciki za ki haɗu da Horace Walpole, wanda maƙalarsa kan sabon salon lambu, da ta shiga hannun jama'a a 1780, ta zama tushen labarin da ake ta maimaitawa har gobe: wai Ingilishi sun gaji da tsarin Faransa mai takura, sai William Kent, mai zane da tsara lambuna, ya tsallake shinge ya gane cewa duniyar Allah duk lambu ce.

Wannan tsallake shinge yana da ma'ana ta zahiri, kuma ya kamata ɗalibar gine-gine ta fahimce ta da kyau. Dabarar ita ce a haƙa gwalalo a iyakar filin gida, a gina gefensa da ya fi kusa da gida a tsaye da dutse, a bar ɗaya gefen ya gangara a hankali. Wanda ke tsaye a baranda ba ya ganin komai sai ciyawa shimfiɗe har can nesa, alhali saniya idan ta gangaro sai ta ci karo da bango ta koma. Walpole ya ce talakawa ne suka raɗa masa suna ha-ha, saboda mamakin da kan kama mutum idan ya tsinci kansa a bakinsa ba zato. A Rousham, kusa da Oxford, inda Kent ya yi aiki daga wajen 1738, abin yana nan yadda aka bar shi: shanu masu dogayen ƙahoni suna kiwo dab da gida kamar za su shigo, wata siririyar magudanar dutse tana lanƙwasa cikin inuwar kurmi, can kuma a kan tudu, tsallaken kogin Cherwell, an gina bango mai kamannin kufai wanda ba shi da wani aiki sai jan ido.

Sai dai ki karanta Walpole a matsayin mai kare ɓangare, ba alƙali ba. Ɗan Robert Walpole ne, wanda ake ɗauka firaministan Birtaniya na farko, kuma yana son nuna cewa lambun Ingila hoton 'yanci ne, na Versailles, fadar sarakunan Faransa, kuma hoton mulkin kama-karya. Maganin wannan shi ne Polite Landscapes na Tom Williamson, na 1995, kuma da za a ce in zaɓar miki littafi ɗaya tak, shi zan zaɓa. Williamson masanin tarihin ƙasa ne da ya saba da taswirorin gandaye da littattafan lissafin gidaje, don haka tambayoyinsa daban suke. Ya nuna cewa matsakaitan masu ƙasa sun ci gaba da riƙe tsohon tsari mai kusurwa shekaru da dama bayan lokacin da ake cewa ya mutu, kuma gandun da ake yabo da kama da halitta wurin kiwo ne, da noman katako, da harbin tsuntsaye, sannan hanya ce ta nesanta mai gida daga talakawansa.

Da wannan idon za ki karanta Lancelot Brown, wanda aka haifa a 1716 ya rasu a 1783, aka kuma yi masa laƙabi da Capability saboda yawan gaya wa masu gida cewa filinsu yana da halin gyaruwa. Bai bar littafi ba. Aikinsa a ƙasa yake. A fadar Blenheim, daga wajen 1764, ya datse ƙaramin kogin Glyme ya mai da shi tafkin da ya haɗiye ƙasan babbar gadar da mai zanen gine-gine Vanbrugh ya gina, kuma da shebur da baro da amalanken doki aka yi duk aikin. Wanda ya ga wurin yau sai ya rantse haka Allah ya halicce shi. Dorothy Stroud ce ta farfaɗo da sunansa da littafinta na 1950, Jane Brown kuma ta rubuta tarihin rayuwarsa a 2011, amma dukansu biyu masoyansa ne. Ki tuna cewa wani lokaci ana tashin gari sukutum don kada ya ɓata wa mai gida hange. A Nuneham Courtenay, Lord Harcourt ya kwashe ƙauyen wajen 1760 ya jera shi a bakin babbar hanya, kuma masana da yawa suna ganin da irin wannan Oliver Goldsmith yake a waƙarsa ta 1770 kan ƙauyen da ya zama kufai. A Milton Abbas ta Dorset, garin kasuwa guda aka rusa a shekarun 1770 zuwa 1780, aka mai da mutanensa wani kwari da ba a hango shi daga gidan.

Maganar kuɗi kuwa, Roderick Floud ya bi ta dalla-dalla a An Economic History of the English Garden na 2019, inda ya ɗauki lambu a matsayin masana'anta mai 'yan kwangila da masu sayar da dashe da ɗimbin ma'aikata. Wani kaso na dukiyar daga gumin bayi ya fito. Gidan Harewood da ke Yorkshire, wanda Brown ya tsara gandunsa, iyalin Lascelles ne suka gina shi da arzikin da suka tara daga rake da bauta a tsibiran Karebiyan. A 2020 ƙungiyar National Trust, mai kula da gidaje da filayen tarihi, ta fitar da rahoto kan wurare 93 da ke hannunta masu alaƙa da mulkin mallaka ko bauta, kuma ana samunsa kyauta.

Humphry Repton, wanda ya shiga sana'ar a 1788, shi ne zai fi yi wa mai zane daɗi. Yakan ba mai gida ɗan littafi na musamman mai bangon jar fata, irin wadda Turawa ke kira fatar Maroko, sunan da suka daɗe suna kiran jar fatar akuyar Sakkwato da ke ratsa Sahara zuwa kasuwanninsu. A ciki yakan zana filin yadda yake, da wata 'yar takarda manne a kai, idan an ɗaga ta sai a ga yadda wurin zai koma. A littafinsa na ƙarshe, Fragments, na 1816, ya yi wa ƙofar gidansa da ke Essex irin wannan zane. A hoton farko akwai shagon mahauci da nama a rataye, ga kuma wani gurgu mai bara jingine da shingen. Da an ɗaga takardar, an tura shingen gaba ya cinye ɗan filin da ke bakin hanya, furanni sun rufe shagon, gurgun kuma babu shi. Ki kalli hotunan nan biyu da kyau, sannan ki karanta littafin Stephen Daniels na 1999 a kan Repton. A nan ne kuma za ki ji rigimar 1794, lokacin da Uvedale Price da Richard Payne Knight suka zargi Brown da yi wa ƙasa aski tal-kwabo.

Zamanin Sarauniya Victoria littafi ɗaya ya ishe ki, Victorian Gardens na Brent Elliott, na 1986. Injin yankan ciyawa da aka ƙirƙiro a 1830 da soke harajin gilashi a 1845 sun canja abin da matsakaicin gida zai iya yi, Joseph Paxton kuma ya kai salon gandu ga talakan birni da filin Birkenhead da aka buɗe a 1847. Daga nan sai ki koma ga masu aikin da bakinsu. William Robinson a The Wild Garden na 1870 ya caccaki al'adar jera furannin ɗakin gilashi ana tumɓuke su duk shekara, Reginald Blomfield ya mai da martanin masu gine-gine a 1892, ya ce lambu ci gaban gida ne. Gertrude Jekyll, wadda ta koyi zane kafin idonta ya raunana, ta ɗauki na kowa. A Colour in the Flower Garden na 1908 ta bayyana dogon fangalin furanni na gidanta, Munstead Wood, mai tsawon ƙafa 200, wanda ke farawa da toka-toka da shuɗi, ya bi ta rawaya ya kai ja a tsakiya, sannan ya sake hucewa a ɗaya ƙarshen. Tsarin launin za ki ɗauka. Jerin tsirranta na ƙasa ce mai yayyafi kusan duk shekara, ba za su jure bazararmu ba.

Game da tsada, biyu kawai nake ganin sun cancanci kuɗinki, Williamson da Uglow, kuma ana samun na hannu. Walpole da Repton da Robinson da Jekyll duk sun tsufa har sun fita daga haƙƙin mallaka, suna nan kyauta a Internet Archive. Manyan littattafan hotuna da kika ambata ki bar su a kanti. Hukumar Historic England tana da rajistar lambuna da gandaye sama da 1,600, kowanne da bayanin tarihinsa da iyakokinsa, Laburaren Ƙasa na Scotland kuma ya saka tsofaffin taswirorin Ingila a intanet, waɗanda za ki iya gwadawa da hoton tauraron ɗan'adam na yau. Shawarata ita ce ki tsayar da rubutunki a kan wuri ɗaya, kuma Stowe da ke Buckinghamshire ya fi dacewa, domin Charles Bridgeman ya shata shi da miƙaƙƙun layuka da gwalalo, Kent ya sassauta wani sashe ya cika shi da gine-gine masu habaicin siyasa, Brown kuma ya zama shugaban masu lambunsa a 1741. Ki nemi taswirar wurin ta 1739, ki ajiye ta kusa da ta ƙarshen ƙarnin, ki bi layukan itatuwan ɗaya bayan ɗaya ki ga wanne aka bari, wanne aka lanƙwasa, wanne aka sare.