Amsa: Za a iya dogaro da fim ɗin Grzimek kan Serengeti?

Malam, ka tambaya ko za ka iya kafa hujja da tsohon fim ɗin nan na 1959, Serengeti Shall Not Die, wanda aka yi kan gandun dajin Serengeti na ƙasar Tanzaniya, a aikinka na makaranta kan namun daji. Za ka iya, amma a matsayin tarihi.

Bernhard Grzimek, shugaban gidan namun daji na Frankfurt a Jamus, shi da ɗansa Michael ne suka shirya shi, lokacin Tanganyika, wadda yanzu take cikin Tanzaniya, tana hannun Ingila. Sun yi ta shawagi ƙasa-ƙasa a ƙaramin jirgin sama mai zanen jakin dawa, suna ƙidaya garke-garke, suka samu dabbobi kusan 367,000. Michael ya rasu a Janairun 1959 da jirginsa ya yi karo da ungulu. Kabarinsa na bakin ramin Ngorongoro, wani babban kwari kusa da Serengeti. Fim ɗin ya ci kyautar Oscar a 1960, kuma a ganina ya cancanta.

Inda ɗalibai ke tuntuɓe shi ne ɗaukar wannan adadi kamar na yau. A wancan lokaci ciwon bushiya, cutar shanu da ke yaɗuwa zuwa namun daji, ya rage dabbobin ƙwarai. Da aka yi wa shanu rigakafi, nyumbu kaɗai, dabbar nan mai kama da gwanki, suka haura miliyan ɗaya.

Abin da ya fi damuna shi ne makiyayan Masai. A 1959 aka fitar da su daga Serengeti, kuma fim ɗin bai ba su bakin magana ba. Kada ka tsallake wannan.

Don alƙaluman yanzu, ka nemi malamin sashen kula da namun daji a jami'arku, ko rahotannin TANAPA, hukumar kula da gandayen namun daji ta Tanzaniya.