Wata 18 ɗana yana tsare, ba a yanke masa hukunci ba

Tambaya: Malam, an kama ɗana bisa zargin sata, yau wata 18 ke nan yana gidan yari yana jiran shari'a. Duk ranar zama sai a ɗage, wai ɗan sandan da ya yi bincike bai zo ba. Shagonsa na ɗinki ya rufe, matarsa ta koma gidan iyayenta. Yaya zan yi? Wata uwa daga Aboabo, Kumasi.

Amsa: Hajiya, Allah ya kawo mafita. Wannan jinkiri zalunci ne, domin kundin tsarin mulkin Ghana na 1992 ya ɗauki ɗanki marar laifi har sai kotu ta tabbatar da laifin, kuma sashe na 14 ya ce wanda aka tsare ba a yi masa shari'a cikin lokacin da ya dace ba, a sake shi, ko da bisa sharuɗɗa ne. Tun 2016 Kotun Ƙoli ta soke dokar da ke hana beli a wasu laifuffuka, saboda haka lauya yana iya neman belinsa, idan aka ƙi kuma ya tafi Babbar Kotu.

Idan ba ki da kuɗin lauya, ki je ofishin Hukumar Taimakon Shari'a Kyauta a Kumasi da lambar ƙarar da ranakun da aka ɗage zama. Ki roƙi a sa sunansa cikin shirin da aka fara a 2007, wanda alƙalai ke zama cikin gidajen yari suna duba shari'o'in waɗanda suka daɗe a tsare.