Zauren Tambaya: Ta ina ake fara sharhin wasanni a rediyo?

Tambaya: Baba, barka da aiki. Bana na ci jarrabawar bak ta gama sakandare, kuma abokaina suna cewa muryata ta rediyo ce. Burina in zama mai sharhin ƙwallo da kokowa. Ta ina zan fara?
Daga wani ɗanku a unguwar Birni, Damagaram.

Amsa: Ɗana, Allah ya sa albarka. Murya kyauta ce, amma ba ita ta riƙe ni a aikin nan ba.

Ranar da aka fara miƙa mini makirfo a filin kokowa na Langa-Langa da ke Damagaram, ɗan Damagaram ya ɗaga abokin karawarsa ya kai shi ƙasa. Fili ya ɗauki sowa, ni ma na kama ihu: "Ya kayar! Ya kayar!" Washegari kawuna ya zo daga Mirriya. Ya ce suna zaune gindin bedi kewaye da rediyo ɗaya, sun ji ihuna sarai, amma babu wanda ya san wa ya kayar da wa. "Mu ba mu da ido a can sai naka," in ji shi. Tun daga ranar, suna nake fara faɗa, da jiha, da irin kamun da aka yi, sannan in ɗaga murya.

To, fara da littafin aljihu, inda za ka riƙa rubuta bayanan 'yan wasa. Gasar takobi, wato gasar kokowa ta ƙasar Nijar wadda aka soma a Tawa a 1975, tana haɗa 'yan kokowa 80, goma daga kowace jiha. Sai ka san kowa da fuskarsa, da laƙabinsa, da kirarin da makaɗa ke yi masa, domin da an sa hannu babu lokacin duba takarda. Je ka wurin atisaye, ka zauna da tsofaffin 'yan kokowa, su ne za su koya maka sunan kowane kamu. Ƙwallo ma haka take. Ka kalli wasan ƙungiyar Espoir ta Damagaram ko na unguwa, ka yi sharhi a wayarka, da dare ka kunna wa mahaifiyarka. In ta gane wanda ke riƙe da ƙwallo da gefen da aka nufa, ka kama hanya.

Karatu kuwa, akwai makarantar ESSCOM a Yamai, wadda a da ake kira IFTIC, can ake koyar da aikin jarida. Kada ka raina Faransanci, da shi sakamako da dokoki ke zuwa, kai ne za ka mayar da su Hausa nan take.

Kuɗi fa kaɗan ne, ban ɓoye maka ba. Na sha biyan kabu-kabu daga aljihuna don in kai fili.

Abu mafi nauyi shi ne ranar da aka kayar da namu. Zuciya za ta yi zafi, amma ɗan Maraɗi da ke kasuwar Dole yana jinka shi ma. Ka ba gwaninsa haƙƙinsa.

Ka naɗi sharhin minti biyar, ka kai gidan rediyo mafi kusa da kai, ka nemi su bar ka ka riƙa bin mai sharhinsu zuwa fili.