Dalilin da ya sa aminin tauraro ya kama bakinsa

Sadiku, ɗana, ina gajiyar karatu? Saƙonka ya iso. Ka ce a sashenku na wasan kwaikwayo a Samaru an ba ku aikin rubuta tarihin tsofaffin 'yan wasa, ka gano wani dattijo a Tudun Wada wanda ya yi zaman amana da ɗaya daga cikinsu, ka ɗora masa waya a baki, ya ce "Allah ya jiƙansa, mutumin kirki ne," ya tsuke. Kana tambaya al'ada ce ta hana shi ko rowar labari.

Ba rowa ba ce. Duba irin aikin da amini ke yi a wurinmu. Ranar aure shi ne babban aboki, shi ke jan abokan ango zuwa sayen baki, ya yi ta ciniki da ƙawayen amarya. In an haihu shi ke zagawa da goron suna. In uwargida ta yi yaji, shi ake turawa biko, kuma duk wanda ya je biko ya ji abin da ya faru a ɗaka, daga bakin mata da na miji. Ranar rasuwa, idan aka yi shelar mai bin mamaci bashi ya fito, shi ya san wanda zai taso da wanda kunya za ta zaunar. Sau da yawa yakan bi na biyun har gida da dare ya biya daga aljihunsa, marayu ba su ji ba. To mutumin da ya ɗauki wannan kaya, kai ɗan jiya za ka zo da waya ka ce ya sauke maka? Ga kuma hadisin da ya hana zagin matattu, domin sun riga sun isa ga abin da suka gabatar.

Na tauraro ya fi nauyi. A zamanin su Kasimu Yero, ɗan Zariyan nan da ya rasu a 2017, da Samanja Mazan Fama da ya bi shi a 2023, suna ya fi aljihu cika nesa ba kusa ba. Ɗan wasa zai fito a talabijin gari ya ɗauka, gobe a gan shi a tasha yana neman motar Kaduna. Abokinsa kuwa galibi tela ne ko malamin firamare, shi ke ara masa Vespa da babbar riga, shi ke ba surukai haƙuri idan suka ce ba sa ba ɗan wasa 'ya. Jama'a sun san fuskar da ke akwati, shi ya san ta gida.

Ba mu kaɗai ba ne ma. Mu da muka taso da kallon Indiya mun san Dilip Kumar da Raj Kapoor. Duka a Peshawar aka haife su, na farko Musulmi ne mai sunan yanka Yusuf Khan, na biyu Hindu. Fim ɗaya suka yi tare, Andaz, a 1949, 'yan jarida suka yi ta ƙoƙarin mai da su kishiyoyi. Amma da Raj Kapoor ya kwanta ciwon ajali a asibiti a Delhi a 1988, Dilip Kumar ya je ya zauna a gefen gadonsa.

Yanzu ga yadda za ka koma. Kada ka je kai kaɗai, babba zai kai ka. Bayan la'asar, lokacin da yake kan dakali, ka tsuguna ka gaishe shi, ka miƙa goro, wayar nan ta zauna a aljihu. Zuwan farko gaisuwa ce kawai. A na biyu ka tambaye shi nasa tarihin: sana'arsa, inda suka haɗu, yadda ake ɗaukar shiri a da, wa ke ɗinka tufafin wasa. Ina jin tunda abokin ya yi suna ba wanda ya taɓa tambayarsa labarin kansa, kuma ta nan na marigayin zai riƙa ɓullowa. Maganar mata da bashi kada ka taɓo ta. In ya ce kashe abin nan, ka kashe, kuma abin da ya biyo baya ba na takarda ba ne, ko malaminka zai ƙara maka maki. Kafin ka miƙa aikin, ka karanta wa babban ɗan marigayin.

Ranar Asabar zan shigo Tudun Wada ɗaurin aure. Ka same ni a Ƙofar Doka bayan azahar mu je tare, ka sa hula. Ka gaida Hajiya.